Yadda Ɗan Wasan Gaba Zai Tafiyar da Sana'arsa a Ƙananan Rukunonin Ƙwallon Ƙafa

Mafi yawan matasan da ke taka leda da yamma a filayen makarantun Gusau da Ƙauran Namoda, ko na Argungu da Jega, ba za su kai ga buga wasa a Turai ba, kuma faɗin haka ba kashe gwiwar kowa ba ne. Wanda Allah ya ba ƙafar cin ƙwallo a cikinsu, abin da ya fi yiwuwa shi ne ya shafe shekara goma ko fiye yana sauya riga daga wannan ƙungiya zuwa waccan, bana a Birnin Kebbi, baɗi a Sakkwato ko Minna, wata shekarar ma a Yamai. Wannan yawon ba abin kunya ba ne, sana'a ce mai ciyar da iyali, muddin dai kowace ƙaura da lissafi aka yi ta.

Ka fara da sanin tsanin da kake hawa. A sama akwai gasar Firimiya ta Najeriya, NPFL, mai ƙungiyoyi 20, ƙarƙashinta akwai rukuni na biyu, NNL, sannan na uku, NLO, sai gasannin da hukumomin ƙwallo na jihohi ke shiryawa. Kebbi United, mai filin Haliru Abdu a Birnin Kebbi, da Zamfara United ta Gusau, wadda ta taɓa buga Firimiya, su ne manyan ƙofofin da ke kusa da mu. Yawancin ƙungiyoyi irin waɗannan a Arewa gwamnatocin jihohi ne ke ɗaukar nauyinsu, don haka kuɗinsu yana bin kasafin kuɗi da sauyin shugabanni, ba yawan 'yan kallo ba. Wannan ne ya sa ko kana cin ƙwallo ƙaura tana iya kama ka, domin sabon koci yakan zo da mutanensa.

Abu na farko da za ka mallaka, tun kafin takalmi mai tsada, shi ne littafi. A ƙananan rukunoni da wuya ka sami wanda zai adana maka tarihin wasanninka, kuma kocin da za ka je wa gwaji a wani gari bai taɓa ganin ka ba. Bayan kowane wasa ka rubuta kwanan wata, da sunan abokan karawa, da mintocin da ka buga, da ƙwallayen da ka ci, da ƙafar da ka ci su da ita ko kuwa da ka ne. Ka sa ƙanenka ko abokinka ya riƙa ɗaukar wasan da waya daga wuri mai tudu, kuma kada ya ɗauki lokacin cin kawai, ya fara tun daga inda ka soma gudu, domin mai horarwa ya fi son ya ga yadda ka kuɓuce wa ɗan baya fiye da yadda ka yi murna. Wasannin kofin ƙalubale, waɗanda ake farawa a matakin jiha kafin a fita na ƙasa, su ne suka fi dacewa a ɗauka, saboda a nan ne ƙaramar ƙungiya ke samun damar haɗuwa da babba.

Idan lokacin gwaji ya zo, ka isa da jikinka a shirye, domin sansanin gwaji ba wurin neman numfashi ba ne. Za a tara ku da yawa, wataƙila minti 20 kawai za ka samu, kuma 'yan tsakiyar da aka haɗa ka da su ba su san ka ba, kowa ta kansa yake yi. Ka yi musu magana kafin a busa usur, ka gaya musu inda kake son ƙwallo. Sannan kada ka biya kowa kuɗi don a gwada ka. Na san wani matashi a unguwarmu wanda mahaifinsa ya sayar da shanun huɗa ya ba wani dillali kuɗin tafiya gwaji ƙasar waje, daga ranar ba a sake samun mutumin a waya ba. Ejan na gaskiya yana da lasisin FIFA, ladansa kuma daga cinikin da ya ƙulla yake fitowa. Dokar FIFA ma ta hana kai yaron da bai cika shekara 18 ba wata ƙasa buga wasa, sai a wasu 'yan yanayi da aka keɓe.

Wurin da na fi son ka natsu shi ne kwantiragi, domin a nan ne gumin 'yan wasa da yawa ya tafi a banza. Al'adarmu ta kunya takan sa matashi ya ji nauyin tambayar shugaban ƙungiya takarda, musamman idan dattijo ne ya ce masa, "Kai ɗana ne, ba za mu cuce ka ba." Ka amsa da ladabi, ka ce, "Ranka ya daɗe, na gode, amma a rubuta saboda halin rayuwa," domin addininmu ma ya umarci a rubuta bashi, kuma shugaban da ya yi maka alkawari yana iya barin kujerar kafin kaka ta ƙare. Takardar ta fayyace albashin wata da ranar biyansa, da kuɗin sa hannu da yadda za a rarraba shi, da ladan wasa idan an yi nasara a gida ko a waje, da masauki da abinci, da wanda zai biya asibiti idan ka ji rauni. Kada ka sa hannu a takardar da aka bar gurbin kuɗi ko na shekaru babu komai, kuma kada ka bar ofishin sai da kwafinka. A ƙa'idar FIFA, kwantiragi ba ya gaza zuwa ƙarshen kaka, ba ya wuce shekara 5, na wanda bai kai 18 ba kuwa ba ya wuce shekara 3. A ganina, ɗan gaba mai yawo ya fi dacewa da kaka ɗaya ko biyu, domin idan ya ci ƙwallaye da yawa hannunsa a sake yake, kuma doka ta ba shi damar ƙulla yarjejeniya da wata ƙungiya idan saura wata 6 kwantiraginsa ya ƙare.

Idan albashi ya maƙale, kada ka tattara kayanka ka gudu da dare, domin yin haka yana mayar da laifin kanka. FIFA ta tanadi cewa ɗan wasan da ke bin albashin wata 2 zai rubuta wa ƙungiya takarda, ya ba ta aƙalla kwana 15, kafin ya sami hujjar raba gari da ita. Wannan zai yi maka amfani sosai idan ka ƙetara Nijar ko Benin, a gida kuwa kwamitin sasanta rikicin 'yan wasa na hukumar ƙwallon ƙafa ta Najeriya, NFF, ake kai wa ƙara, kuma da takardu ake magana a can. Duk inda za ka bari, ka karɓi takardar sallama, idan kuma ƙetare iyaka za ka yi, sai hukumar ƙasar da za ka ta nemi takardar sauyin ƙasa daga NFF. Ka kuma tuna cewa a kaka ɗaya ƙungiyoyi 3 kawai za su iya yi maka rajista, 2 daga ciki ne za ka buga wa wasan gasa. Ranar haihuwarka ta zama ɗaya a fasfo da katin ɗan ƙasa da lasisin wasa.

Wajen zaɓen ƙungiya, ka fifita inda za ka buga a kan inda suna yake. Ɗan gaban da ya shekara a benci a Firimiya ya fi wahalar samun ƙungiya a kan wanda ya ci ƙwallo goma a NNL. Marigayi Rashidi Yekini ya ci 34 a rukuni na biyu na ƙasar Fotugal da ƙungiyar Vitória Setúbal a kakar 1992/93, aka ba shi gwarzon ɗan wasan Afirka na 1993, sannan ya fi kowa cin ƙwallo a babban rukunin ƙasar da 21. Jamie Vardy ma yana da shekara 25 lokacin da Leicester ta saye shi daga Fleetwood, wadda ke buga ƙaramin rukuni a Ingila, a 2012. Kafin ka amsa, ka tambayi 'yan wasan da suka bar ƙungiyar ko ana biya, ka kuma duba 'yan gaba nawa aka riga aka ɗauka.

A fili kuwa, ka yi atisaye daidai da ƙasar da za ka taka. Filayenmu da yawa suna da tauri, ƙwallo tana tsalle yadda ta ga dama, don haka mai son ya tsayar da ita ya gyara kafin ya buga, sai ya tarar an ƙwace. Ka koyi bugawa da taɓi ɗaya da ƙafa biyu, ka koyi bin ƙwallon da gola ya amayar, ka nemi a ba ka bugun fanareti. A wasan waje wataƙila dama ɗaya za ka samu a minti 90, sauran lokacin aikinka shi ne riƙe ƙwallo da baya har 'yan uwanka su iso, kuma jayayya da alƙalin wasa a can ba ta haifar da komai sai kati. Idan ka haura shekara 28 gudu zai fara raguwa, sai ka maye gurbinsa da sanin wurin tsayuwa da lokacin tashi don kauce wa satar gida.

Jikinka shi ne jarinka. Daga Maris zuwa Mayu zafi a Kebbi da Zamfara yakan haura digiri 40, wasa kuma da ƙarfe huɗu ake yi, saboda haka shan ruwa tun daren jiya yake farawa. Idan azumi ya faɗo cikin kaka, ka roƙi koci a mayar da atisaye mai nauyi zuwa dab da magariba ko bayan buɗa-baki. Ka guji tiramadol da allurar kashe zafi da ake yi don a buga da rauni, domin ciwon mako biyu yakan koma na shekara. Ka je a auna zuciyarka kafin kowace kaka. Chineme Martins na Nasarawa United ya faɗi ana tsakiyar wasa a Lafiya a watan Maris na 2020, bai tashi ba.

Idan wani ya zo maka da maganar sayar da wasa, ka tuna 2013, lokacin da aka tashi 79 da nema da kuma 67 da nema a wasannin neman hawa rukuni a Bauchi, hukumar ƙwallo ta haramta wa 'yan wasan taka leda har abada.

Kuɗin sa hannu shi ne dunƙulallen kuɗin da zai riƙa shigo maka, kuma ba kowace kaka ba. Kafin ya shigo ka yanke abin da za ka yi da shi, ko fadamar noman rani a wajen Argungu ko Bakolori, ko tumakin kiwo da za ka bar wa iyali, ko shagon da ƙanenka zai riƙe, sannan ka ware na wata uku saboda tsakanin kaka da kaka, lokacin da ƙungiyoyi da dama ba sa biya. Idan kana sha'awar horarwa, ka fara neman kwas a Cibiyar Wasanni ta Ƙasa da ke Legas ko lasisin hukumar ƙwallon ƙafa ta Afirka, CAF, na matakin farko tun kana bugawa, ka kuma adana lambar kowane koci da sakatare da ka yi aiki da su a garuruwan da ka zauna, domin su ne za su kira ka idan gurbin mataimakin koci ya samu.