Kurakuran da masu neman aiki a jami'o'in gwamnati suka fi yi idan za su kai ƙara kotu

Babban kuskuren wanda yake ganin an zalunce shi wajen ɗaukar aiki a jami'ar gwamnati a Najeriya shi ne zaton alƙali zai jera takardun masu nema ya zaɓi wanda ya fi cancanta. Kotu ba ta zama a madadin kwamitin tantancewa. Abin da take dubawa shi ne ko jami'ar ta bi dokar da ta kafa ta da sharuɗɗan da ita kanta ta buga a sanarwar gurbin, da kuma ko an yi wa kowa adalci. Saboda haka mai ƙarar da ya tsaya kan "na fi shi ilimi" yakan koma hannu wofi. Wanda ya nuna cewa sanarwa ta nemi digirin digirgir amma aka ɗauki mai digiri na biyu, ko cewa ɗan'uwan wanda aka ɗauka ya zauna cikin kwamitin ganawa, shi ne ya kama bakin zaren.

Daga nan sai jinkiri, wanda a ganina ya fi kowane kuskure kashe ƙara mai kyau. Mutum yakan shafe watanni yana kamun ƙafa, daga ofishin magatakarda zuwa gidan wani babba, ana ce masa ya ƙara haƙuri ana duba lamarin. Alhali Dokar Kare Jami'an Gwamnati ta ba da wata 3 kacal a shigar da ƙara kan matakin da hukuma ta ɗauka. Kotuna sun sha bamban kan ko wa'adin ya shafi rigimar aiki, to amma mai hankali ba ya jingina haƙƙinsa da saɓanin alƙalai. A rubuta ƙorafi ga Majalisar Gudanarwar jami'a, a tabbatar an buga hatimin karɓa da kwanan wata a kan kwafin da za a riƙe, sannan a ga lauya a makon. Lauyan ne zai duba ko dokar jami'ar ta wajabta ba ta sanarwa kafin a kai ta ƙara.

Wasu kuma sukan nufi Babbar Kotun Tarayya don kawai jami'ar ta tarayya ce. Tun gyaran tsarin mulki na 2010, sashe na 254C ya danƙa shari'o'in ƙwadago da ɗaukar aiki ga Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, kuma kafin ƙarar da aka kai inda bai dace ba ta isa kotun da ta dace lokaci ya tafi.

Jita-jitar harabar jami'a ba hujja ba ce. A adana sanarwar gurbin yadda ta fito a jarida, da takardar gayyatar ganawa, da duk saƙon da jami'a ta aiko. Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta ba da damar neman bayanai a rubuce, ta kuma ɗora wa hukuma amsawa cikin kwana 7, don haka ana iya neman ma'aunin da aka yi amfani da shi da makin da mai nema ya samu. Haka nan a sanya wanda aka ba gurbin cikin waɗanda ake ƙara, domin kotu ba ta soke naɗin mutum ba tare da ta saurare shi ba.

Akwai masu ɗaukar duk wani la'akari da jihar asali a matsayin karya doka. Sashe na 14(3) na tsarin mulkin 1999 ya amince da raba daidai a hukumomin tarayya, don haka hujja mai ƙarfi ita ce a nuna an fake da shi an ɗauki wanda bai cika sharaɗin gurbin ba. Game da abin da za a roƙa kuwa, ya fi dacewa a nemi kotu ta soke naɗin ta umarci a sake tantancewa bisa ƙa'ida, domin da wuya alƙali ya tilasta wa jami'a ɗaukar mai ƙara kai tsaye.