Daga dandamali zuwa gaban kyamara: yadda za ka rage wasanka

Idan a dandamali ka fara, kamar yawancinmu nan Katsina da muka taso da tashe da wasan kwaikwayon makaranta, ka riga ka samu jari: murya, hadda, da rashin tsoron idon jama'a. Sai dai ranar da aka kira ka lokeshan, wato wurin ɗaukar fim, wannan jarin ne zai fara ba ka wahala.

Fara da murya. A ɗakin taro don na kujerar ƙarshe kake magana. A fim kuwa makirfo yana bisa kanka, ko an maƙala shi a wuyan rigarka, har haɗiyar yawu yana ɗauka. Yi magana kamar kuna zaune a tabarma ɗaya da abokin wasanka. Ni abin da nake sa yarana su yi shi ne su jingina waya da bulo, su faɗi layi ɗaya da muryar dandamali, su sake faɗinsa da muryar hira, sannan su kalla. Da kansu suke dariyar na farkon.

Sai fuska, nan kuma aikin yake. Zare ido, dafe ƙirji, kaɗa hannu, duk don na nesa aka yi su. Idan aka matso da kyamara, ka bar fushin a zuciyarka kawai, ido zai tona shi. Kada ka ji haushi idan darakta ya ce ka rage. Laurence Olivier na Ingila, wanda ya rayu daga 1907 zuwa 1989, ya yi suna a wasannin Shakespeare, amma sai da darakta William Wyler ya matsa masa lamba a fim ɗinsu na 1939 kafin ya gane kyamara ba ta son hayaniya. Daga baya fim ɗinsa na Hamlet na 1948 ya ci masa babbar lambar yabon fina-finai ta Oscar. Bai kuma bar dandamali ba, shi ne shugaban farko na gidan wasan kwaikwayon ƙasarsu a 1963.

A nan gida, nemi tsofaffin wasannin marigayi Kasimu Yero. Kada ka kula da maganarsa tukuna, dubi abin da fuskarsa ke yi sa'ad da wani ke magana. Sauraro ne yawancin matasa ba su iya ba, layinsu kawai suke jira.

Abu na ƙarshe: fim ba a jere ake ɗaukarsa ba. Yau za ka yi kukan mutuwar mahaifinka, jibi ku yi hira da shi a zaure. Rubuta a gefen takardarka abin da ya faru kafin kowace fitowa. Ka kuma riƙa lura da hannun da ka riƙe kofi da shi da gefen da ka karya hularka, domin za a maimaita ɗaukar ta wata kusurwa, mai tace fim kuwa ba shi da yadda zai haɗa hula biyu.