Yadda Za A Tantance Gem Ɗin Harbi Kafin A Bar Wa Yaro

A shagunan gem na Kawo da Tudun Wada a Kaduna, bayan ƙwallo babu abin da yara ke rububi kamar wasannin sojoji, don haka ya kamata uba ko mai shago ya san abin da ke cikinsu kafin ya miƙa wa yaro abin bugawa.

A fara da duba alamar shekaru a jikin kwalin ko a shafin saukewa. PEGI, tsarin Turai da ya fara aiki a 2003, yana rubuta 12 ko 16 ko 18, ita kuwa ESRB ta Amurka harafin M take sanyawa ga abin da ya dace da ɗan shekara 17 zuwa sama. Call of Duty: Modern Warfare na 2019 yana ɗauke da 18.

Sai dai alamar ba ta wadatar ba, domin kamanceceniya da yaƙin gaske iri biyu ce, kuma a ganina nan ne iyaye suka fi ruɗewa. Akwai ta dabara, irin ta Arma 3 da kamfanin Bohemia Interactive ya fitar a 2013, inda harsashi ke sauka ƙasa idan nisa ya yi yawa, soja ya gaji saboda nauyin kayansa, kuma wanda ya yi gaggawa ba tare da shawarar abokansa ba ya faɗi nan take. Akwai kuma wadda jini da yankewar gaɓoɓi ne kawai adonta. Ta biyun ce abin tsoro ga ƙaramin yaro, musamman a gari irin Kaduna da wasu gidaje suka san ƙarar bindiga ta zahiri.

Daga nan a shiga saituna. Modern Warfare yana ba da damar kashe nuna gaɓoɓi da suka tarwatse, PUBG Mobile kuma ana iya sauya launin jininsa.

A kuma binciki labarin wasan, saboda saituna ba sa goge shi. Modern Warfare 2 na 2009 yana da zangon da ake harbin fararen hula a filin jirgin sama, wanda wasan da kansa yake tambaya ko a tsallake shi. A tsallake. Idan yaron yana bugawa ta intanet, a rufe hirar murya da baƙi, domin ashar ɗin da ke yawo a can ba ya cikin lissafin masu sanya alamar shekaru.