Matakan Lissafa Firaimoriyal na Lamba

Firaimoriyal shi ne sakamakon ninka dukkan lambobin firam da ba su wuce wata lamba ba, wato lambobin da suka fi 1 waɗanda babu abin da ke raba su ba saura sai 1 da su kansu. Harvey Dubner, Ba'amurke, shi ya raɗa masa wannan suna, kuma ana rubuta shi da alamar # a bayan lambar.

Da farko, ka zaɓi lambar da za ka yi aiki da ita, misali 13.

Na biyu, ka jera lambobin firam daga 2 har zuwa 13, wato 2, 3, 5, 7, 11 da 13. A nan ne ya kamata a natsu, domin 1 ba ta cikinsu, haka kuma 9 ba ta shiga duk da cewa mara ce, tunda 3 tana raba ta.

Na uku, ka ninka su ɗaya bayan ɗaya kana rubuta kowane sakamako: 2 sau 3 shi ne 6, sau 5 ya zama 30, sau 7 ya zama 210, sau 11 ya zama 2310, sau 13 kuma ya kai 30030. Ke nan 13# daidai yake da 30030, haka ma 14#, domin 14 ba firam ba ce.

Idan ka ƙara 1 a kan sakamakon, babu ko ɗaya daga cikin lambobin da ka ninka da za ta raba sabuwar lambar ba saura, dabarar da Yuklid, masanin lissafin Girka na zamanin da, ya bi wajen tabbatar da cewa lambobin firam ba su da iyaka. Sai dai kada ka ɗauka sabuwar lambar firam ce kullum, domin 30031 daidai take da 59 sau 509.