Yadda za ka hana ƴan cika titi ɓata maka labarin gem

Duk wanda ya taɓa kwana a fada da manet (rimot ɗin buga gem) a hannu ya san abin nan. Kana tsakiyar misyon a GTA San Andreas, CJ, wanda kake juyawa, da yayansa Sweet na cikin mota suna maganar gida, kai ka nutsu kana bi, sai wani direba da ba ya cikin labarin ya fito daga kwana ya daki motarka, ƴan sanda su biyo, shikenan magana ta yanke. Wallahi abin nan na ci mani rai, don ni saboda labari nake buga gem. Su waɗannan ƴan cika titin da gem ke juyawa da kansa, da ake ce ma PNJ, ba a rubuta musu rawa ba, ƴan dokoki kawai aka ba su: yi ta tafiya, in ka ji harbi ka gudu, in an buge ka ka rama.

To ɗan uwa, kafin ka shiga kowace babbar misyon ka yi sabegarde, wato ka adana inda ka kai, kuma a gurbi biyu daban, dama ga wutar nan tamu ta Damagaram da ke ɗaukewa lokacin zafi.

Sai maganar kod, wato sirrin da ake dannawa don canza dokokin gem, nan ne mutane ke kashe kansu. Akwai kod ɗin da ke sa mutanen titi su yi ta faɗa da juna, ba ya kashuwa, in ka yi sabegarde da shi ya zauna ke nan, kuma sai ka yi nisa ka kai garin Las Venturas, misyon ɗin da mawaƙi Madd Dogg ke tsaye a saman gini zai faɗo kai kuma ka kawo motar ɗaukar kaya ka tare shi, sai ka ga ya diro tun kafin ka motsa. Tun 2004 da gem ɗin ya fito ake kuka da wannan. In kana son wasa da kod yi abinka, amma kar ka adana.

In ana hira a mota rage gudu, kar ka yi saurin isa wurin alamar inda misyon ta aike ka.

A gem ɗin Skyrim na 2011 kuwa manyan ƴan labari ba sa mutuwa, durƙusawa kawai suke yi su tashi, amma ƙananan masu ba da aiki dodo na iya sauka cikin gari ya kashe su, aikin ya tafi da su. Da ka ji kukan dodon ja shi bayan gari, kuma kar ka watsa wuta cikin jama'a, ka taɓa mutum ɗaya masu gadi su taso maka.

Masu ɗaukar bidiyo don TikTok, GTA V na da Director Mode, sashen shirya fim, a ciki za ka iya rage yawan mutane da motoci. Ni dai shawarata kar ka kwashe su duka, garin Los Santos ba kowa kamar ka shiga kasuwar Dole ne da tsakar dare. Sa yawan a kaɗan, ka hana ƴan sanda bin ka a saitin, sannan ka fara ɗauka.