Yadda Ake Ɗaukar Fim a Kan Waɗanda Rikici Ya Ɗaiɗaita a Katsina

Mai son shirya fim a kan abin da hare-haren 'yan bindiga suka bari a garuruwan bakin dajin Rugu, irin su Batsari da Safana da Ɗanmusa, ya kamata ya yi zuwan farko ba tare da kyamara ba. Ya fara da gaishe da dagaci ko mai unguwa, ya ce, "Ranka ya daɗe, ga abin da ke tafe da ni," ya bayyana inda za a nuna fim ɗin, domin mutumin da ya amince a ɗauke shi yana da haƙƙin sanin cewa fuskarsa za ta iya kaiwa Facebook, inda waɗanda suka kore shi daga gida ma suke kallo.

Wannan shi ne wurin da ya fi buƙatar hattara. Mutanen karkara suna tsoron masu kai wa 'yan bindiga rahoto, kuma tsoron nasu yana da dalili. Saboda haka a kashe alamar wuri a wayar da ake ɗauka da ita, a guji allon makaranta ko hasumiyar masallacin da za ta tona sunan gari, wanda kuma ya biya kuɗin fansa a ɗauke shi ta baya, a sauya muryarsa wajen tacewa. Matar da ke takaba, wata huɗu da kwana goma, a yi mata ta'aziyya kawai a jira ta fita. Yara kuwa, ko da irin ɗaliban Ƙanƙara sama da 300 da aka sace a Disambar 2020 ne, sai da yardar iyayensu, kuma kada a sa su maimaita daren da abin ya faru.

Wajen hira, a zauna a tabarma ɗaya da mai magana, a saukar da kyamarar daidai idonsa, a maƙala masa makirufo a wuyan riga saboda iskar hunturu tana cinye murya. Kada a fara da "Wa aka kashe?" A ce, "Baba, me kuke nomawa a da?" Na taɓa yi wa wani dattijo wannan tambayar, sai ya tashi ya kai ni bayan gida, ya nuna mini turaku babu saniya ko ɗaya, igiyoyin suna nan a ɗaure, ya daɗe bai ce komai ba. Ban yanke wannan shirun ba, kuma ina ganin ya isar da abin da hoton gawa ba zai isar ba, ga shi bai keta mutuncin mamaci ba.

Idan mai magana ya fashe da kuka, a tsayar da ɗauka, a ba shi ruwa, a bar shi ya zaɓi ko za a ci gaba. Bayan an gama tacewa, a koma da fim ɗin a nuna wa kowa ɓangarensa kafin a sake shi, duk abin da ya ce a cire, a cire.