Yadda ake riƙe tunkiyar haihuwa, kar ta rame kar kitse ya rufe ta

Masu ɗaure tumaki a gida nan cikin Kano, tunkiyar haihuwa fa kiwonta daban yake da na ragon layya. Shi rago so ake ya cika ya batse, ita kuwa in kitse ya mata yawa ɗaukar ciki ma wahala yake mata, in kuma ta rame sai ta haifo ɗa ƙarami ga ba nono a hantsa.

Ido yana yaudara, tunkiya za ta ci roba da busasshiyar ciyawa ciki ya yi tulu ka ɗauka ƙiba ce. Sa hannu za ka yi. Ɗora tafinka a gadon bayanta, bayan haƙarƙarin ƙarshe kafin ƙugu, ka danna. In ƙashin bayan na tsikarinka kamar haƙoran zarto toh ta rame. In ka danna ka danna baka ji ƙashi ba kitse ne. Wadda ake so ita ce sai ka ɗan matsa sannan ka ji ƙashin, nama ya lulluɓe shi gefe da gefe, likitocin dabbobi suna auna wannan daga 1 zuwa 5, ita kuma ana son ta a 3 ko 3 da rabi. Ko Balami ce ko Uda ko 'Yankasa gwajin ɗaya ne, kuma duk sati biyu ya kamata a yi.

Saura sati 3 kafin ka sakar mata rago sai ka ƙara mata dusa da kowar wake, yana taimakawa ta ɗauka da wuri. Ciki wata 5 ne, watanni ukun farko harawa mai kyau da ɗan dusa sun isheta. Amma sati 6 na ƙarshe nan ne aikin yake wallahi, lokacin ne ɗan yake yin mafi yawan girmansa, ya danne mata tumbi bata iya cin da yawa, sai ka ga mai tagwaye ta daina cin abinci ta koma gefe tana tangaɗi ta kwanta, da yawa daga nan basa tashi. Toh ka raba mata abincin sau uku a rana, ka sa ɗan ƙuli-ƙuli ko angurya a dusar, kuma a hankali ake ƙarawa, kar yau ɗaya ka juye mata kwanon masara ko ragowar shinkafar biki, cikinta zai kumbura. Ka ware mata kominta dan manya suna ture ta. Ruwa mai tsabta kullum, da ɗan gishiri ko kanwa.

In tana ci amma ramar bata tafiya, ja fatar idonta ta ƙasa ka duba, in ta yi fari fat tsutsar ciki ce ke shan jininta, an fi ganin haka da damina. Sai dai kar a ba ta maganin tsutsa na albendazole a watan farko na ciki, ka tambayi likita tukun. Duba haƙora ma, tsohuwa bata iya tauna. Sannan leda, wannan ita ce ke cinye mana tumaki a gari, ni da idona na ga an yanka wata an ciro dunƙulen leda ya kusa cika bokiti, dan Allah a daina sakinsu bola.

Bayan haihuwa kar ka rage abinci, shayarwa ta fi ciki zuƙe ta. Ka yaye ɗan a wata 3, ka bari bayanta ya cike kafin rago ya sake hawa. Harawa kuma da kaka ake sayenta a jibge a kan rufi, in ka bari sai bazara kuɗinta ya ninka.